Hannun da Inna ta Kama

Mai kemis ne ya ba ta aron na'urar. 'Yar aba ce, ba ta fi sabulun wanka girma ba, da wayoyi biyu masu manne a goshi. Mutanen unguwa 'yar leƙe suke ce mata, kuma sunan ya dace, don yawancin masu amfani da ita ba magani suke nema ba, gulma ce ke cin su.

"Ɗaya a goshin Inna, ɗaya a naki," in ji shi. "In kin shiga mafarkinta, abin da kika taɓa shi zai canza. Amma fa ki sani, ba kowa ke fitowa yana gode mini ba."

Yaya ba ta tsaya jin wa'azinsa ba. Yaya kowa ke kiranta, har masu kawo mata ɗinki, ko da yake ƙanen da ya sa mata sunan ya daɗe a ƙasa. Suna yara ambaliya ta ci layinsu. Inna na kan matakala, su biyu suna cikin ruwa, ta miƙa hannu ta jawo Yaya, ruwa ya tafi da Auta.

Tun da tsufa ya kama Inna, barci ya zame mata azaba. Ko gyangyaɗin rana ta yi, sai ta farka da ihu, ta ture abinci, ta juya fuska bango. Ta rame har zobenta yana zamewa. Yaya ce wanka, ita ce wanki, ita ce mai rufe shago da rana tsaka ta bar kayan mutane a kan keken ɗinki. Miji ma ya gaji da jira ya kama gabansa. Ba ta taɓa cewa ta gaji ba. Abin da take so kawai, tsohuwar ta ci abinci ta rayu.

Da Inna ta gyangyaɗa a kujera bayan azahar, Yaya ta manna wayoyin, ta zauna a ƙasa ta rufe ido.

Sai ga ta cikin ruwa har wuya, a jikinta na yarinta. Ga tsohon gidansu, ga bokiti da takalma suna yawo, ga Auta a gefenta yana haɗiyar ruwa. Inna na kan matakala, da ƙuruciyarta da ƙarfinta, tana lalube. Yaya ta yi niyyar ta janye ruwan gaba ɗaya, amma ta ce bari ta fara ganin inda ihun yake fitowa.

Hannun Inna ya damƙi nata, ya fizgo ta sama. Inna ta share mata laka daga fuska, ta dube ta. A nan ta ƙwalla ihun. Auta bai ma nutse ba tukuna, kansa na waje. Fuskar da ta gani a hannunta ita ce abin tsoron.

Sai a nan Yaya ta gane. Ashe duk shekarun nan da take tashi a guje ta rungume tsohuwar tana cewa "Ga ni, Inna, ga ni," ciwon take ƙara mata.

Mafarkin ya koma farko, kamar yadda ya saba. Ruwa, matakala, hannu yana lalube. Yaya tana iya busar da ruwan. Tana iya sa Inna ta kama su duka biyun, ko ta sa ta yi murna da wadda ta samu. Na'urar ba za ta ƙi ba. Amma murnar da mutum ya ɗinka wa kansa da hannunsa, me zai yi da ita? Ta kamo hannun Auta ta sa a cikin na Inna, ita kuma ta saki jiki. Kafin ruwa ya rufe ta, ta ji Inna tana dariya tana kuka, tana hamdala. Inna ba ta waiwayo ba.

Yaya ta farka tana tari, ta ɓalle wayar. Inna ta ci gaba da barci har la'asar, bakinta a ɗan buɗe, ko motsi babu.

Da ta tashi ta ce, "Akwai sauran shinkafar nan?"

Yaya ta zubo mata. Tsohuwar ta ci da hannunta, har tana suɗe yatsu.

"Yau dai Allah ya dube ni," in ji ta. "Na ga Auta. Ya fito lafiya lau, ko ƙwarzane babu."

"Ni fa, Inna? Ina ciki?"

Inna ta ɗan yi tunani tana tauna.

"Ke? A'a, ban gan ki ba." Ta miƙo kwanon. "Ƙaro mini. Kuma gobe ma ki sa mini abin nan, Allah ya yi miki albarka."