Kawum Marar Tukku

Shekara ashirin da bakwai Hinnihami tana soya kawum, wainar sabuwar shekara, bai taɓa yi mata tukku ba. Za ta kwaɓa garin shinkafa da zumar dabino, ta soka tsinken kwakwa a tsakiya, ta yi ta watsa mai, amma wainar sai ta fito a baje kamar tafin hannu. A ƙauyensu kuwa, matar da kawum ɗinta ba ya tashi ba a ganinta da gashi.

Maƙwabciyarta Rankiri ce ke rufa mata asiri. Duk sabuwar shekara takan miƙo mata kwando cike ta ɓular shinge, a gindin mangwaro, Hinnihami ta raba wa maƙwabta ana yabon hannunta. Mutum ɗaya tak ta faɗa wa, mijinta Punchirala, gwanin tatsuniyar ƙauyen.

Ranar girbi ta kai wa masu yankan shinkafa abincin rana, ta tarar an kewaye Punchirala a inuwa.

"Can a zamanin da," in ji shi, "an yi wata mata mai kawum mai sanƙo. Amma Allah ya ba ta wani mangwaro a bakin shinge, duk shekara sai ya haifa mata kawum mai tukku, kwando guda."

Dariya ta ɓarke. Gida ɗaya ne a ƙauyen ke da mangwaro a bakin shinge. Rankiri ta sunkuyar da kai, matan suka juyo suna kallon Hinnihami, ita kuwa ta ci gaba da zuba miya.

A gida ta ce, "Uban yara, me na yi maka?"

"Haba, ai ban kama suna ba. Tsofaffin labaran sun gundure su. Ba ki ga yadda suka riƙe ciki ba?"

Wannan ya fi dariyar yi mata ciwo. Murna yake yi, ko a jikinsa.

Da sabuwar shekara ta zo, ta ce wa Rankiri, "Yaya, bana ki huta." Ta soya da kanta, ta jera bajajjun wainarta a faranti goma sha ɗaya, ba ta rufe ko ɗaya ba. Ta ɗora wa mijinta na farko a hannu.

"Kai za ka kai gida-gida," ta ce. "In sun tambaya, ka ƙarasa musu labarin."