Tara Cikin Goma

Ubale dai tun da ya zo Kuala Lumpur karatun digiri na uku, mutanen gida suka ɗora masa sarautar da bai nema ba. Ko taya ce ta fashe a Rijiyar Lemo, sai a bugo a tambaye shi ƙarar mece ce. Laifinsa ne kuwa, shi ya gaya musu yana karantar yadda ake kakkaɓo makami mai linzami tun yana sama. Bai ƙara da cewa duk makaman nasa a cikin kwamfuta suke ba, kuma ko bindigar toka bai taɓa riƙewa ba.

Ran nan da la'asar yana zaune a shagon mamak, wato wurin mai shayin can, a unguwar Bukit Jalil, ya tasa gurasar roti da shayi a gaba, bakinsa har kunne. Da safe farfesansa ya duba lissafinsa, ya ga na'urar da ya zana tana tare makamai tara cikin goma, ya gyaɗa kai ya ce, "Boleh," wato ya yi, da yarensu. Mutumin da ko gaisuwa da ƙyar yake amsawa. Ubale na cikin wannan jin daɗi sai ga kiran Iya.

Maganar ƙanensa Aliyu ce. Aliyu direba ne a wani birni na ƙasashen Larabawa, kuma kwanan nan jiniya ta hana su sakat, ana harbo makamai ana kakkaɓewa. Aikin mai kyau ne, in ya bari ba lalle ya sake samun irinsa ba. Da Iya ta ce ya dawo gida, sai ya ce shi duk abin da Yaya Ubale ya yanke, shi ke nan.

"To gwani," in ji Iya, "ya zauna ko ya taho?"

Ubale ya gyara zama, ya ture kofin gefe. Abin nema ya samu. Ya yi mata bayanin yadda na'ura ke hango makami tun daga nesa, ta auna inda ya dosa, ta aika masa da wani ya tare shi a hanya. Har da zana hanyar a kan tebur da yatsa, kamar tana ganinsa.

"Iya, ko tawa da na zana tara take tarewa cikin goma. Farfesa da kansa ya yaba."

"Madalla. Na goman fa, ina yake sauka?"

"Ai wannan kaɗan ne, Iya. A ilimin nan tara cikin goma babban rabo ne."

Ta cikin wayar yana jiyo kajinta a tsakar gida.

"Na san tara cikin goma, Ubale. Goma na haifa. Ni ma kowa cewa yake na yi babban rabo."

Ruƙayya take nufi, wadda Ubale ke bi, da ƙyanda ta ɗauke tun bai yi wayo ba. Rabon da ya tuna da ita har ya manta, kuma kunya ta kama shi sosai.

Mai shagon ya zo ya tsaya yana duban rotin da ya huce, ya tambaya ko a ƙunshe masa. Ubale ya ɗaga masa kai. Ya yi wa Iya sallama, ya lalubo lambar Aliyu.

"Yaya, me lissafin ya ce?"

"Lissafin lafiya lau yake," in ji Ubale. "Haɗa kayanka."