Ruwan Kwakwa a Goshin Lorensu

Ranar da masunta suka kawo labarin cewa Fada, limamin coci, yana tafe, ƙauyen kaf ya ruɗe da murna. Shekara tara rabon da wani Fada ya tako tsibirinmu na Solor, aure ya taru, zunubi ya taru, yaran da aka haifa bayan tafiyar na ƙarshe har sun fara hawan giginya. Mata suka hau sharar coci, maza suka hau gyaran jinka. Somi ce kaɗai ta ji labarin ba ta yi murna ba, ta ajiye masarar da take dakawa ta zauna.

Abin da ke cin ta ya kai shekara takwas. A tsakiyar wani rani ta hau dutse ɗebo masara a rumbun gona, mijinta Boli yana teku, sai naƙuda ta kama ta saura wata biyu lokacinta ya yi. Ita kaɗai ta haihu a bukka. Ɗa namiji ne, ɗan mitsitsi, numfashinsa na fita da ƙyar. Kowace mace a wajenmu ta san abin yi in jariri zai mutu, tunda ba Fada: ruwa sau uku a goshi, da sunan Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki. Ta jawo gorarta ta ji wayam, ashe ta shanye tun da hantsi. Marmaro kuwa sai an gangara har gindin dutse. Abin da hannunta ya kai shi ne wata ɗanyar kwakwa da Boli ya tsinko ya ajiye. Ta sare ta da adda, ta zuba sau uku, ta faɗi kalmomin ba ta tsallake ko ɗaya ba, ta sa masa suna Lorensu. Kafin rana ta karkata ya cika.

Da ta sauko ta ce ta yi masa baftisma, aka binne shi cikin shingen coci tare da masu baftisma. Ba wanda ya tambaye ta da me ta yi, ita ma ba ta faɗa ba, ko ga Boli har ya mutu. Amma tambayar ba ta bar ta ta sakata ta wala ba: an karɓi yaron nan a sama ko an bar shi a waje? Tun daga ranar ba ta sake kai ruwan kwakwa bakinta ba, ba ta kuma sake fita ko nan da ƙofar gida ba sai da gora cike a kafaɗa.

Yayarta Barek, ungozomar ƙauyen, mace mai baki kamar reza, ba ta gajiya da tsokanarta.

"Ke Somi, har coci sai da gora? Tsoro kike Ubangiji ya bar ki da ƙishi?"

Sau ɗaya Somi ta taɓa gwada ta, suna saƙa. "Yaya, in jariri zai tafi kuma babu ruwa fa, sai wani abu mai kama da shi?"

"Kamar me? Bammi? So kike yaro ya isa gaban Ubangiji yana tangaɗi? Ruwa aka ce, ruwa!"

Barek ta ƙyalƙyale da dariya, Somi kuwa ta kwana uku abinci ba ya wuce mata.

Kullum da asuba takan durƙusa gaban ƙaramar siffar Maryamu da ta gada wurin kakarta, carbi a hannu, roƙonta ɗaya tak: a kai ta sama ta ga ɗanta. Sai dai tana gama faɗa zuciyarta ke cewa, in kuma ba ya can fa?

Fada ya iso, tsoho ne tukuf, mai farin gemu, harshenmu a bakinsa yana ɗingishi amma ana ganewa. Kwana uku kawai zai yi. Aka rataya tabarma a gindin tsamiya, yana zaune a bayanta, masu furta zunubi suka yi layi har bakin shinge. Ranar farko Somi ta shiga layi, da ya kusa zuwa kanta sai ta ce wa ta bayanta ta wuce. Rana ta biyu ma haka, har sau huɗu.

"Wai ke mutum kika kashe?" in ji Barek. "Ni da nake zagin rabin garin nan na shiga na fito ko gumi ban yi ba. Gobe da azahar jirgi zai tashi, sai ki jira wata shekara tara."

Wallahi ni ban ga laifin Somi ba. Muddin ba ta tambaya ba, ba wanda ya ce mata a'a.

Rana ta uku, masu jirgi har sun fara ɗaure kaya, layi ya ƙare saura ita. Ta durƙusa, gorar tana rataye a kafaɗarta. Ta ƙasan tabarmar tana hango ƙafafun Fada da wata fasasshiyar kwakwa a gefensu. Ta zayyana masa komai.

Da ta gama sai ya fara tambayar ta.

"Ba ɗigon ruwa ko kaɗan a gorar, 'yata?"

"Na girgiza ta har sau biyu, Fada."

"Ruwan sama fa? Raɓa?"

"A rani? Da rana tsaka?"

Ya ja dogon numfashi. "Ba zan yi miki ƙarya ba. Abin da aka koya mini, ruwa ne zalla, na rijiya ko na sama ko na teku. Na 'ya'yan itace ba ya ciki."

Somi ta ce, "To yana ina?"

"Ba ya shan wahala, wannan na tabbata."

"Ba shi na tambaya ba, Fada. Yana wurin Yesu ko ba ya wurinsa?"

Somi, wadda ko da akuya ba ta iya faɗa, ta ji bakinta ya buɗe da kansa.

"Ranar da ka sauka ka ce a ba ka ruwa, me aka kawo maka? Ga shi nan kusa da ƙafarka. Rijiyarmu gishiri ce a rani, ka sani. Wata takwas sama ba ta ɗiga mana komai, sai abin da Ubangiji ya rataya mana a bishiya. Shi ya zuba ruwan ciki, ba ni ba. Zai ba ni shi a hannu, sannan ya ce bai san shi ba?"

Ta ga ƙafar tsohon ta motsa, sannan ya yi magana.

"Ba ni da ikon ce miki i, 'yata. Amma ba ni ne mai tsaron ƙofar ba, kuma ban san iyakar jinƙansa ba. Kabarin ya zauna inda yake. Ke kuma ban ga zunubin da zan yafe miki a nan ba."

Daga bakin teku aka ƙwala masa kira. Ya sa mata albarka ya tashi, gari duk ya bi shi rakiya.

Somi ba ta bi su ba. Ta shiga shingen coci, ta nufi ɗan tudun da ke ƙarƙashin tumfafiya, ta cire ciyawar da ta fito a kai. Tsoron yana nan bai tafi ba, ta kuma gane ba wani jirgi da zai zo ya ɗauke mata shi. Ta fiddo carbinta, ta buɗe baki za ta yi roƙon da ta saba, sai ta fasa.

"Uwa Maryamu," ta ce, "ke ma kin riƙe naki a cinya yana sanyi, kin san yadda abin yake. Shekara takwas ina roƙonki ki kai ni sama. Na janye. Inda yaron nan yake, can za ki kai ni, ko ciki ko waje. Bai taɓa shan nonona ba, kada a bar shi shi kaɗai."

Ta sauke gorar daga kafaɗarta, ta tuttule ruwan duka a kan kabarin, busasshiyar ƙasa ta shanye nan take. Sannan ta rataya gorar, ta kama hanyar marmaro don ta cika.