Makarar Aro

Shekara goma sha ɗaya Zulaiha tana harkar fim a Azare. Ita ke rubuta labari, ita ke ba da umarni, in an rasa 'yar wasa ta fito da kanta. Duk tsawon lokacin nan mahaifiyarta, Hajiya Dijatu, ba ta taɓa sa wa sana'ar albarka ba. Sai bana ta sauko, ta ce a kawo mata sabon fim ɗin ta gani, in babu abin kunya za ta sa albarka. Zulaiha ba ta da burin da ya wuce wannan.

Akwai jana'iza a labarin, Zulaiha ce kuma gawar. Maimakon ta sa kafinta ya haɗa makara, sai ta aika aka aro ta wani masallaci a Bulkachuwa, garin da za a ɗauki fim ɗin, ba a gaya wa ladan dalili ba. Aka naɗe ta da farin yadi, 'yan wasa huɗu suka ɗauka. Gali mai kyamara ya laɓe a wani shago.

Mutanen garin kuwa ba sa ganin makara su zauna. Tela ya bar kekensa, mahauci ya rufe namansa, kowa ya biyo baya yana neman lada. Malam Hammawa, tsoho mai ciwon gwiwa, ya sa kafaɗa yana addu'a.

Zulaiha tana jin takun yana ƙaruwa. Tari ɗaya za ta yi a tsaya. Ba ta yi ba. Ta hango yadda taron zai yi kyau a hoto, ta ƙara lafewa. Wannan ba kuskure ba ne, son zuciya ne.

Da aka doshi maƙabarta, Gali ya fito a guje.

"Jama'a, ku sauke! Fim ne!"

Ta tashi zaune. Malam Hammawa bai zage ta ba.

"'Yar nan, tun daga bakin kasuwa nake roƙa miki gafara," ya ce, ya juya yana ɗingishi.

Labari ya riga ta isa Azare. Ta durƙusa gaban mahaifiyarta, ta miƙa waya.

"Inna, ki duba kawai, wallahi ya yi kyau."

"Tsohon da ya ɗauke ki, shi ma ɗan wasa ne?"

"A'a, Inna."

"Kina jin sa yana addu'a?"

"Ina ji."

Hajiya Dijatu ta ture wayar da bayan hannu.

"Ɗauki abarki. Ranar da za a ɗauke ni, ki bar kyamararki a gida."