Yatsan Lawali na Shida

A tashar mota ta Gusau, gindin wata bishiyar bedi, akwai wani mai yankan farce ana ce masa Lawali. Shekara ashirin yana riƙe ƙafafun mutane, tasa kuwa ba wanda ya taɓa gani. Rani da damina huffi ne a ƙafarsa, in zai yi alwala sai ya shafa a kai, har direbobi suka ɗauka ilimi ne ya yi masa yawa suna kiransa Ustazu. Ilimin bai wuce wannan babi ɗaya ba. Gaskiyar magana, yatsu shida ne a ƙafarsa ta hagu, na shidan ya karkace gefe kamar ɗan tsako ya leƙo daga ƙwai. A Magami inda aka haife shi yara sun ishe shi da waƙa a kai, shi ya sa da ya shigo birni ya binne abinsa.

Abu biyu Lawali yake so a duniya: fuskarsa, da Suwaiba, wata bazawara mai suyar waina a bakin tasha. Kullum sai ya gaya mata ba don farce aka halicce shi ba.

"To don mi?" in ji ta.

"Don talabijin. Dubi fuskar ga da kyau."

"Awo? Ranar da na gan ka cikin talabijin, ka turo magabatanka."

Tana juya waina ta faɗa, ko ɗaga kai ba ta yi ba. Shi kuwa gogan ya karɓi maganar hannu bibbiyu.

Ana nan sai wani Tajuddeen mai shirya wasan kwaikwayo ya zo yankan farce. Ya dubi Lawali sama da ƙasa, ya tambaye shi ko zai fito a wasa. Lawali ya ɗauka fuskar ce ta yi aiki. Bai san mutumin marar nauyi yake nema ba, wanda mutum huɗu za su ɗauka ba su yi nishi ba.

A Tsafe aka yi ɗaukar. Lawali ya sha aski, ya ɗora sabuwar hula. Aka ce shi ne attajirin da mutuwarsa ke buɗe labarin, shi kuwa kunnensa bai ji komai ba bayan attajiri. Sai da ya ga makara jingine da bango ya gane gawa zai fito.

"Malam, cire wannan," in ji Tajuddeen. "Gawa ba ta sa huffi."

Ya juya baya ya cire, ya yi maza ya kwanta. To, likkafanin don wani gajere aka yanka shi, wanda matarsa ta hana shi zuwa, ta ce kiran ajali ne. Aka ja yadin sama aka ɗaure ta kai, kamar yadda ake yi wa kowace gawa. Fuska ta shige, ƙafa ta fito. Lawali yana ciki yana gyara murmushi, yana jiran a buɗe. Ba a buɗe ba.

Amma da ya dawo Gusau, ba a shan ruwa a tasha sai an ji labarin fim. Ya daina cewa sannu, sai ɗaga yatsa biyu.

Ranar Juma'ar da za a nuna wasan, bayan la'asar, aka cika rumfar mai shayi. Suwaiba ta bar tanda ta zo ta tsaya daga baya, hannu a ƙugu. Aka nuno mutum huɗu ɗauke da makara.

"Ga ni nan!" in ji Lawali.

"Ina?"

"Ciki."

Rumfa ta ɗauki dariya. Ashiru direban Bungudu ya ce, "Ustazu, ai ni ma ina ciki, kusa da kai nike kwance. Ba ka ji ina minshari ba?"

"Kowa na iya cewa shi ne," in ji Suwaiba, ta juya za ta tafi.

Daidai nan mai ɗaukar hoto ya tsaya a kan ƙafar gawa, ya daɗe kamar ya ga abin tsintuwa. Wani tsoho ya matsa ya ƙirga a kan gilashin. "La ilaha! Wanga mamaci yatsa shida gare shi!"

Lawali ya dubi bayan Suwaiba, ya dubi huffinsa. Ya zauna a ƙasa ya zare shi, ya ɗaga ƙafar sama gaban direbobi da 'yan kamasho. Yatsan ya leƙo, fari sol don rashin ganin rana.

Suwaiba ta dawo ta sunkuya, ta duba na ƙasa, ta duba na talabijin.

"Shi kam na gan shi," ta ce. "In shi ke so na, shi turo nashi magabatan. Kai ban gan ka ba."

Kafin magariba sunan Ustazu ya mutu, Cindo ya gaje shi. Washegari Lawali ya shiga mota zuwa Kekun Waje wurin wani wanzami, ya ce a raba shi da wannan maƙiyi. Aka raba su. Sati uku yana ɗingishi.

Yana cikin jinya Tajuddeen ya iso tasha yana haki. Ya ce masu kallo ba su da zance sai ƙafar nan, don haka ya rubuta sabon wasa na aljani, kashi goma sha uku, ƙafar ce za ta riƙa fitowa daga bayan labule. Lawali ya warware tsumman da ya ɗaure ƙafar da shi. Tajuddeen ya ƙirga sau biyu, biyar dai. Ya yi tsaki.

"Irin wannan ai kowa na da ita."

Ya zauna a benci, ya tuɓe takalmi, ya miƙa masa tasa. Daga bakin tasha Suwaiba ta ɗaga murya tana tambaya ko an yi wa jarumin yatsan sadakar uku. Lawali ya jawo almakashi.