Ƙusa a Bangon Kurup

A ofishin makarantar garinmu akwai bangon da ake rataya hoton duk wanda ya taɓa shugabantarta. Waɗanda suka mutu ana sa musu furanni. Ni Karthyayani na san fuskokin nan ɗaya bayan ɗaya, don ni na dafa wa yara kunun shinkafar rana a makarantar har bayana ya lanƙwashe. Sunayen da ke ƙasa ne ban iya karantawa ba.

Makarantar ta gidan Kurup ce. Gwamnati ke biyan albashi, Achuthan Kurup ne manaja, shi ke ɗaukar malamai. Amma kujerar shugaba ta wanda ya fi daɗewa a aiki ce, kuma lokacin da ta zama babu kowa, 'yata Sulochana, malama a nan, ita ce a gaba.

Sai ga Kurup a gidanmu, mutumin da bai taɓa taka ƙofarmu ba. Har shayi ya sha. Wai Malam Raghavan, abokin aikin Sulochana, ya girme ta a haihuwa, saura masa shekara guda ya yi ritaya, ta ɗaga masa ƙafa ya fita da sunan shugaba, daga nan kujera tata ce. Daga ƙofar kicin na ce mata kada ta yarda, kura ba ta zuwa gaisuwa. Ta ce babba ya tako har gida, ina za ta sa fuskarta? Ta sa hannu.

Da Raghavan ya tafi, Kurup ya ɗora surukinsa Vinayan, yaron da ni na sha share wa majina a layin kunu. Wai wanda ya janye sau ɗaya ya janye har abada.

Ni na tura ta ta kai ƙara, don da an bar ta kuka kawai za ta yi. Daga jami'in ilimi zuwa gwamnati, daga gwamnati zuwa kotu a birni. In aka ba mu gaskiya Kurup ya ɗaukaka ƙara, in aka sa rana lauyansa ya kwanta ciwo. Kullum safe kuwa Sulochana na cewa Vinayan ranka ya daɗe. Haka furfura ta cika mata kai. Ranar ritayarta aka raba shayi da soyayyiyar ayaba, Vinayan ya miƙe yana yabon haƙurinta. Na tofa yawu na fita.

Damina ta sauka kafin hukunci ya fito. Lauyanmu ya zo yana washe haƙora, wai mun ci, an ɗauke ta a matsayin shugaba tun ranar da Raghavan ya tafi, za a gyara mata fansho. Na tambaye shi yaushe za ta zauna a kujerar. Ya ce a takarda ta riga ta zauna.

"Inna, ya isa haka," in ji Sulochana.

Bai isa ba. Na aika wa Kurup a rataya hotonta, ya aiko cewa bangon na waɗanda suka zauna ne.

Na ɗauki hotonta na ranar ritaya na kai aka sa shi a gilashi, na ari guduma. Na shiga ofishin da safe ana cikin taron yara, malamai na leƙe ta taga. Kurup na nan shi da surukinsa.

"Karthyayani, nan ba kicin ba ne," in ji Kurup.

"Na sani, Achuthan. A kicin ba a cin rabon wani."

Ya haɗe rai don na kira sunansa gatsal. Ya ce in 'yata na son bango ta jira ta mutu, shi da kansa zai sayi furannin.

"Kai ne a gaba a layin nan, kuma kada ka ɗaga wa kowa ƙafa."

Vinayan ya ce zai kira 'yan sanda. Na ce ya kira, ya karanta musu abin da kotu ta ce, tunda shi aka ce malami ne. Bai taɓa wayar ba.

Gefen hoton Raghavan nake so, amma hannuna bai kai ba. Na ja kujerar shugaba, na hau ta da ƙafafuna duk taɓo, na buga ƙusa har siminti ya zubo a kan teburin Vinayan. Hoton ya ɗan karkace. Na bar shi haka.

Washegari suka cire. Na mayar. Suka sake, na sake, gidana tsallaken titi ne kuma ƙusa ba ta ƙare a kasuwa ba. Bangon ya cika da ramuka kafin su gaji.

Yana nan har yau. Sulochana ba ta je ta gani ba, wai kunyar Kurup take ji.