Tafinta a Falonta

"Mama, ki ce mata ta matsa, ta tare min haske!"

Da Turanci Safiatou ta yi maganar. Mahaifiyarta Hannatou ta dire ludayi da ƙarfi. Tun da surukarta, Inna Zeinabou, ta zo daga Maraɗi neman maganin ido, Hannatou ta koma tafinta a falonta na unguwar Al Muraqqabat, can ƙasar Larabawa, tsakanin kaka da jikar da ba su jin juna.

Yarinyar ta baza kwali a ƙasa, tana zana wasu baƙaƙe masu lanƙwasa. Aikin makaranta ne kan Cherokee, wata al'umma ta 'yan asalin Amurka.

"Me take yi ne haka?" in ji Inna.

Safiatou ta yi bayani ido cike da ƙwalla, Hannatou na juyawa: a da ana kai yaransu makarantun kwana, a hukunta duk wanda ya yi yarensu. Yanzu tsofaffin da suka iya suna ƙarewa, jikoki na rige-rigen koyo.

"Allah sarki," in ji Inna. "Ita wa ya doke ta?"

Hannatou ba ta juya wannan ba.

*

Da mijinta Nafiou ya dawo daga shagonsa na unguwar Al Sabkha, a bakin ƙofa ta tare shi.

"'Yarka na kuka kan yaren mutanen da ba ta taɓa gani ba, amma ko ina kwana ba ta iya ce wa mahaifiyarka!"

"Khalas, ya isa, Hannatou. Hausa ce za ta kai ta jami'a?"

"Kai ka hana a yi mata tun tana rarrafe. Ni kuma na biye maka. To, daga yau na ajiye tafinta."

Ya ɗaga kafaɗa, ya wuce yana amsa wayar masu kaya.

*

Bayan la'asar Inna ta jawo jikarta, ta zaunar da ita a gefen darduma, ta gyara murya.

"Ga ta nan, ga ta nanku."

Safiatou ta waiga kicin. Hannatou na tsaye, amsar na kan harshenta, ta danne ta, ta ci gaba da yanka albasa.

Inna ta sake faɗa, a hankali, kamar mai ƙwanƙwasa ƙofar maƙwabta.

Yarinyar ta yi mata murmushin ladabi, irin wanda ake yi wa baƙo. Tsohuwar ta zauna da tafin hannu a buɗe bisa cinya, tana jira.